In zakaru sun daina haɗuwa, me masu hira za su faɗa?

A wannan mako shafin namu zai taɓo wani wasa wanda daga Bawdeta har Mayahi da wuya a samu wanda ya taɓa riƙa sandarsa, wato golf, wanda wasu gidajen radiyo ke kira ƙwallon lambu. Kada ɗan kasuwa ya yi saurin naɗe jarida. Rigimar da ta ɓarke tsakanin masu wannan wasa tun shekarar 2022 rigima ce ta kuɗi da fage da zakaru, kuma duk wanda ya taɓa tsayawa cikin ƙura a bakin filin kokowa zai gane ta ba tare da tafinta ba.

Wasan kansa ba ya da wuyar bayani. Ƙaramar ƙwallo ce fara, ana bugun ta da sanda mai lanƙwasasshen kai har ta faɗa rami, ramukan kuma 18 ne warwatse cikin fili mai faɗin gonaki da dama. Wanda ya zagaye su da bugu mafi ƙaranci shi ne ya ci. Babbar gasa kwana 4 ake yi, ramuka 72 ke nan. Wasa ne mai son ciyawa da ruwa, shi ya sa bai yi saiwa a ƙasarmu ba, ko da yake Kano na da filinsa tun zamanin Turawa, a wajen Yamai kuma akwai inda ake yin sa bisa rairayi.

Abin da ya kawo labarinsa kunnuwanmu shi ne irin shirin nan da ake kira fodkas, hirar da mutane ke ɗauka su saka cikin intanet, mai salula ya saurara sa'ad da ya ga dama. Akwai ɗaya na wasu abokai Amurkawa mai suna No Laying Up, akwai ire-irensa da yawa cikin Ingilishi da Faransanci. Ba ƴan jarida ba ne masu karanta takarda. Suna zama ne su yi gardama, su yi wa wannan ɗan wasa ba'a, su koɗa wancan, su tuno bugun da aka yi shekaru goma da suka wuce. In ka cire na'urar ɗaukar magana ka aje butar shayi a tsakiya, fada ce irin ta ƙofar gida a Tasawa. To wanda ya bi irin wannan hira daga 2022 zuwa gaba zai lura da wani abu: mutanen da suka saba gardama a kan wa ya fi wa hannu sun wayi gari suna gardama a kan kwangila, da lauyoyi, da wanda aka saya da wanda bai sayu ba tukuna.

Ga yadda abin ya faru. Shekaru da dama ƙungiyar PGA Tour ta Amurka ita ce babban fage, can duk wani gwani ke son zuwa. Dokarta mai tsauri ce: bayan kwana biyu ana tankaɗe, wajen rabin ƴan wasa su koma gida ba su samu komai daga kuɗin gasa ba. A watan Yunin 2022, kusa da birnin Landan, wata sabuwar ƙungiya mai suna LIV Golf ta buɗe nata fagen da kuɗin asusun zuba jari na gomnatin Saudiyya. Ta fara da ƴan wasa 48 da ramuka 54, ba tankaɗe, kowa ya zo sai ya tafi da rabonsa. Kuɗin gasa guda dala miliyan 25, na ɗaya ya ɗauki miliyan 4. Dalar Amurka fa nake nufi, ba dalarmu ta tamma biyar ba, wato sama da miliyar 2 na sefa cikin kwana uku. Wannan ma ba shi ne babban ƙugiyar ba. Tun kafin mutum ya ɗaga sanda ana ba shi kuɗin sa hannu, jaridun Amurka sun ambaci dala miliyan 200 a kan Phil Mickelson shi kaɗai. Dustin Johnson ya tafi, Brooks Koepka da Bryson DeChambeau suka bi, PGA kuma ta dakatar da duk wanda ya ƙetare. Ranar 6 ga Yunin 2023 shugabannin ɓangarorin biyu suka ba duniya mamaki da sanarwar cewa za su haɗa kai, amma aka sa rana ba a ɗaura aure ba: cikin Disambar wannan shekara LIV ta ɗauke Jon Rahm ɗan ƙasar Ispaniya, wanda ya ci gasar Masters watanni takwas kafin nan, kuma har shekarar 2025 ta shigo kowa na fagensa.

Ƴan wasa sun yi arziki, na can da na nan, domin ita ma PGA dole ta sa ta kai kuɗin wasu gasanninta dala miliyan 20 don ta riƙe nata. Wanda ya yi asara shi ne ɗan kallo. Zakarun da a da suke karo da juna a kai a kai sai suka koma haɗuwa galibi a manyan gasanni huɗu na shekara, waɗanda ba na PGA Tour ba ne ba kuma na LIV ba. Shaidar abin da nake faɗi ita ce ranakun da hirar ta farfaɗo. A Yunin 2024, a gasar US Open, DeChambeau na LIV ya kayar da Rory McIlroy na PGA da bugu ɗaya tak, bayan McIlroy ya kuskure rami sau biyu daga tazarar da ba ta kai taki biyu ba. A Afrilun 2025 suka sake fita tare a ranar ƙarshe ta Masters, McIlroy ya ci, ya zama mutum na shida a tarihi da ya haɗa manyan gasannin huɗu. A waɗannan makwanni ba wanda ya tuna da lauya. Masu fodkas sun koma abin da suka iya, suna ta da jijiyar wuya a kan hannu da zuciya da tsoro.

Yanzu mu dawo gida. Tun 1975, lokacin da aka yi gasar kokowa ta ƙasa ta farko a Tawa zamanin Seyni Kunce, Yakuba Ango da aka fi sani da Kantu ya kawo wa Maraɗi nasara, ƙasar nan tana da abin da masu golf suka ɓatar kuma suke nema da miliyoyi: fage ɗaya wanda kowane ƙato dole ya shigo. Jahohi 8, kowace da ƴan kokowa 10, mutum 80 ke nan, takobi kuma ɗaya. Wanda bayansa ya taɓa ƙasa sau ɗaya ya fita daga neman takobin wannan shekara, ko da shi ne sarkin bara. Dokar tankaɗe ta PGA wasan yara ce in an gwada ta da wannan. Saboda haka ne ma'aikaci ke barin biro da wuri, mai shago ya jingina radiyo bisa buhun shinkafa, mai awo ya manta da tiya a hannunsa. Saboda haka ne kuma har yau tsofaffi ke gardama a kan Kantu da Salma Ɗan Rani na Doso, da Kadade na Tawa, da Langa-Langa na Damagaram, matasa kuma su kawo Isaka Isaka da takubbansa shida. Gardamar tana da daɗi ne domin mutanen kowane zamani sun kama juna a gaban jama'a, an ga wanda ya tashi da ƙura a baya. Filayen Maraɗi da Doso da Damagaram ma sunayen waɗannan mazaje suke ɗauke da su.

Mai karatu zai ce to ina ruwan Saudiyya da kokowarmu, ba wanda zai zo da miliyar ya raba mana fage. Ba sai an je Amurka ba kafin a ga yadda abin ke zuwa. A dubi Senegal. Can manyan karawa suna hannun ƴan kasuwa masu shirya wasa, kowane zakara sai an yi ciniki da shi, an biya kafin alƙalami, kana ya yarda ya fito. Tun zamanin Mohamed Ndao da ake kira Tyson, cikin shekarun 1990, farashin ya yi ta hawa, kuma ba shakka ƴan kokowarsu sun samu abin da namu ba su taɓa mafarki ba. Karawar 2012 da Balla Gaye 2 ya kayar da Yekini ta tsayar da ƙasar cak. Amma babban ɗan kokowa a Dakar kan yi karawa ɗaya a shekara, wani lokaci shekarar ta wuce fara fat bai shiga fage ba don ba a daidaita kan kuɗi ba, kuma mutum biyu da jama'a ke ƙishin ganin sun haɗu sai su yi shekaru suna zagin juna a telebijin ba su taɓa jikin juna ba. A ra'ayina wannan ciniki ne da bai kamata mu yi sha'awarsa ido rufe ba.

Ba ina cewa ɗan kokowa ya zauna da yunwa don mu ji daɗin hira ba. Mutum ne mai iyali, ƙarfinsa kuma na ƴan shekaru ne, gwiwa ɗaya in ta goce shi ke nan. Wanda ya ga tsohon zakara yana bin ofisoshi neman kuɗin magani ba zai zargi yaron da ya bi inda aka fi ba shi ba. Abin dubawa shi ne ta wace ƙofa kuɗin ke shigowa. In ya shigo ta ƙofar takobi, ya ƙara wa wanda ya yi kaye, ya rage wa wanda aka kayar raɗaɗi, ya ƙarfafa fagen. In ya shigo ta bayan gida, nan ne ɓarna take. Ba sabon abu ba ne a ga ɗan kokowa ya tashi a wata jaha ya fito da rigar wata, kuma ba shekarar da za ta wuce ba a ji raɗe-raɗin an sayi kaye ba, walau gaskiya ne walau ƙarya. Raɗe-raɗin kaɗai ya isa guba, domin ranar da ɗan kallo ya fara tambayar kansa ko faɗuwar da ya gani ta Allah ce ko ta aljihu, ya daina kallon kokowa, ya koma kallon lissafi, kamar yadda ya faru ga masu hirar golf.

A nan maganar ta zo kanku, alhazai da manyan ma'aikata, tun da ku ne masu ba da kyauta a fage, ku ake kira da lasifika. Kyautar mota da babur da buhuna ga wanda ya riga ya ɗauki takobi abu ne mai kyau, sai dai kowa na rububin zuba ruwa ne a rijiyar da ta cika. Ɗan kokowa ba a Yamai ake yin sa ba. Ana yin sa ne bayan an ɗaure damman hatsi, a dandalin ƙauye irin na Bawdeta da Kona da Korgom da Hawandawaki, inda samarin wannan gari ke takawa zuwa wancan da makaɗinsu, a yi kirari, ƴan cali-cali su ba mutane dariya, a kama har dare ya raba. Daga nan ake tsamo na gunduma, daga gunduma a tsamo goman da za su tsaya wa Maraɗi. Yau da yawa daga samarin nan da an gama girbi sun kama hanyar Kano ko Agadas ko Libiya neman kuɗi, dandalin ya zama wurin ɗaure awaki. Kuɗin babur guda da aka ba sarki zai iya riƙe gasar ƙauyuka da dama har ƙarshen kaka, da abincin baƙi da ladan makaɗa da ɗan abin da zai sa yaro ya jinkirta tafiya.

Sai masu hira su kansu. A da Muryar Sahel ce ke kawo kokowa cikin bukkoki, daga baya gidajen radiyo masu zaman kansu irin su Anfani suka shigo, yau kuma duk mai salula ya zama mai sharhi, yana aika murya ta WhatsApp ko ya kunna hoto a Facebook tun ƙura ba ta kwanta ba. Ina jin daɗin yawancinsu, wasu ma sun fi na gidan radiyo sanin kamu da sunan kowace dabara. Amma maroƙi a fage kowa ya san wanda ya ba shi, don a gaban jama'a ake miƙa masa, shi kuma ya ɗaga ya nuna. Mai sharhin salula ba a ganin hannun da ya ba shi. A duniyar golf wannan ya zama abin faɗa sosai, inda masu saurare suka riƙa tuhumar wannan da cewa bakin PGA ne, wancan kuma bakin LIV, har magana ta gaskiya ma ta rasa mai yarda da ita. Wanda ya ce an sayi kaye, ya faɗi wa ya saya, nawa, a ina. In ba ya da wannan, ya bar yaron mutane da faɗuwarsa, ta ishe shi ciwo.

Ga hukumar kokowa ta ƙasa kuma, buƙata biyu ce, ba su cin kuɗi. A bayyana wa jama'a ƙa'idar sauya jaha a rubuce, cikin Hausa da Zabarmanci da sauran harsunan ƙasa, yadda mutumin Mayahi zai san dalilin da ya sa ɗan garinsu ya fito da rigar wata jaha. Sa'an nan duk mai kuɗin da ke son shirya tasa gasa, a yi masa maraba, amma a sa masa sharaɗi cewa ranakunsa ba za su ci karo da na zaɓen gundumomi da jahohi ba, kuma ba zai ɗaure wani ɗan kokowa da takardar da za ta hana shi fitowa neman takobi ba.