A Saurari Mai Farfaɗiya Tun Kafin Ya Faɗi

Abin da akasarin jama'a suka sani game da farfaɗiya shi ne faɗuwa da sanƙarewa da kumfar baki. Kaɗan ne suka san cewa wasu masu wannan ciwo sukan ji alama a jikinsu tun ba su kai ƙasa ba. Wani yakan ji abu na taso masa daga ciki zuwa maƙogwaro. Wani yakan ji ƙaurin roba alhali babu abin da ke ƙonewa. Wani tsoro ne yake lulluɓe shi ba gaira ba dalili, wani kuwa sai ya ga kamar ya taɓa ganin duk abin da ke faruwa a gabansa. Sau da yawa alamar ba ta wuce 'yan daƙiƙoƙi, amma takan isa ta raba mutum da wuta ko bakin rijiya.

Likitoci suna kiran wannan alama "aura", kalmar Girkanci mai nufin iska mai kaɗawa a hankali. Tun a ƙarni na 2 likita Jalinus ya ba da labarin wani matashi da aka kwatanta abin da ke hawa jikinsa zuwa kai da iska mai sanyi. A ƙasar Hausa ma ana ambaton iska idan an zo batun farfaɗiya, sai dai iskar da ake nufi daban ce. Binciken kimiyya ya nuna cewa tushen abin yana cikin ƙwaƙwalwa.

Ƙwayoyin ƙwaƙwalwa suna isar da saƙo ga junansu ta hanyar ɗan ƙaramin lantarki. Farfaɗiya takan tashi ne idan wani rukuni daga cikinsu ya saki lantarkin gaba ɗaya babu tsari. Idan rikicin ya fara a ɗan ƙaramin sashe, mutum yana nan cikin hayyacinsa, kuma zai ji abin da sashen nan yake kula da shi. In a ƙeya ne, inda ake sarrafa gani, sai ya ga walƙiya ko launuka. In a gefen kai ne, daura da kunne, sai wari ko tsoro ko tashin ciki. John Hughlings Jackson, likitan Ingila na ƙarni na 19, yana cikin waɗanda suka fara danganta irin alamar da wurin da ciwon yake farawa. A 2017 ƙungiyar likitocin farfaɗiya ta duniya ta lissafa wannan alama a matsayin ƙaramar farfaɗiya mai zaman kanta, wadda kan tsaya nan ko ta bazu.

Saboda haka kuskure ne babba malami ya tsawata wa ɗalibin da ya ce yana jin "abin nan" na zuwa, ko ya ɗauka lalaci ne. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Kamata ya yi a ba irin wannan ɗalibi izinin zama ko kwanciya a ƙasa nan take, ba sai ya ɗaga hannu ba. Idan ya faɗi, a kawar da abin da zai ji masa ciwo, a tallafi kansa, a juya shi ta gefe. Kada a danne shi, kada a cusa masa cokali a baki. Yawunsa ba ya sa wa kowa ciwon. In jijjigar ta wuce minti 5, a garzaya da shi asibiti.

Bayan ya farfaɗo, a tambaye shi abin da ya ji da farko, a rubuta da rana da lokaci. Wannan 'yar takarda tana taimaka wa likita ya gane inda ciwon yake farawa, ya zaɓi maganin da ya dace.

Gaskiya ne ba kowane mai farfaɗiya yake samun alama ba, kuma mai samunta ma wata rana takan zo masa ba sallama. Don haka alama ba ta maye gurbin magani. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa mutum wajen miliyan 50 ke fama da farfaɗiya, kuma kusan kashi 70 cikin 100 za su iya rayuwa ba tare da faɗuwa ba in an gano ciwon, an ba su magani yadda ya kamata. Hanyar zuwa ga maganin nan kuwa takan fara ne daga malami ko uwa ko aboki da ya yarda da yaro sa'ad da ya faɗi abin da yake ji.