Ra'ayinmu: Arahar shokabzoba ta gwanjo

Duk ɗan kasuwar da ke lodi daga Adjamé ko Treichville ya nufi iyakar Noé ya san yadda bayan mota ke durƙusawa da kaya. Abin da ke ba mu mamaki shi ne, mutum zai kashe kuɗi kan fenti, amma shokabzobar baya, wadda a Abidjan ake kira amotisa, sai ta mutu murus kafin ya waiwaye ta.

Alamunta ba ɓoyayyu ba ne. Mai na tsiyaya a jikinta, taya na cinyewa gefe-gefe, in ka danna bayan motar ka saki sai ta yi ta rawa. Irin wannan mota ba ta kama birki da wuri, musamman a kan kwalta mai ruwa lokacin damina.

Tun 2018 gwamnatin Kodebuwa ta hana shigo da ƙananan motocin da suka wuce shekara 5, amma kayan gyara na gwanjo suna nan birjik a garejojin Williamsville. Wasu an wanke su ne kawai aka fesa baƙin fenti, ciki kuwa fanko.

Shawararmu ga 'yan'uwa: a je da lambar shasi, a sayi sabuwa, a canza biyun tare, hagu da dama, har da robobinsu. Canza ɗaya yana sa mota karkacewa a kwana. Kuma kada bakanike ya ce mai ƙarfi za ta ɗauki ƙarin buhu goma. Sifirin ne ke ɗaukar nauyi, ita aikinta kashe girgiza.