DARASIN DA KE CIKIN NASARAR KAYLIA NEMOUR

Ran 4 ga Agusta, 2024, a birnin Paris, wata yarinya 'yar shekara 17 mai suna Kaylia Nemour ta ci lambar zinariya a wasannin Olamfik da sunan ƙasar Aljeriya. Kafin wannan rana babu wani ɗan Afirka, namiji ko mace, da ya taɓa samun ko da lambar tagulla a wasan alkafura da lanƙwasa jiki a wannan babban taro. Mu kuwa 'yan Nijeriya hannu rabbana muka komo daga Paris. Saboda haka muka ga ya kyautu mu bi labarin yarinyar nan daki-daki, domin akwai abin da malaman makaranta da ma'aikatan hukuma za su tsinta a ciki.

Wasan mata kashi huɗu ne. Akwai tsalle bisa tebur, da alkafura a fili, da tafiya kan gungumen katako wanda faɗinsa bai wuce inci huɗu ba, sa'an nan da lilo a sanduna biyu, ɗaya ta fi ɗaya bisa. A wannan na ƙarshe ne Kaylia ta yi fice. Alƙalai suka ba ta maki 15.700, Qiu Qiyuan ta ƙasar Sin ta bi ta da 15.500, Sunisa Lee ta Amurka ta zo ta uku.

An haifi Kaylia a Faransa cikin Disamba, 2006. Ubanta mutumin Aljeriya ne. Ta fara koyon wasan tun ba ta isa shiga makaranta ba, a ƙungiyar wani ɗan ƙaramin gari da ake kira Avoine. Cikin 2021 ciwo ya kama gwiwoyinta duka biyu, har aka yi mata aiki. Da ta warke, likitanta ya ce ta koma wasa, amma likitan hukumar wasan ta Faransa ya ƙi yarda. Gardama ta yi tsawo, yarinya ta juya ta nemi tutar ƙasar ubanta. Ba a sakar mata mara ba sai cikin 2023, kuma a shekarar nan ta zama zakarar Afirka a Pretoria, ta kuma ci azurfa a gasar duniya a Antwerp ta ƙasar Beljiyam.

To, jama'a, murna halal ce, amma kada ta rufe mana ido. Tutar dai ta Afirka ce, amma horon na Faransa ne. Malamai, da kayan aiki, da asibiti, duk na can ne. Haka kuma Uche Eke, wanda ya fara wakiltar Nijeriya a wannan wasa a Olamfik na Tokyo cikin 2021, a Amurka aka haife shi, can kuma ya koya. Watau har yanzu da abin da wasu suka raina muke ado, zanen aro kuwa ba ya rufe katara.

Dalili a fili yake. Wannan wasa ba irin gudu ba ne da za a tsinci gwani yana saurayi a gyara shi cikin shekara biyu. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Simone Biles ta Amurka, wadda ta tara lambobin Olamfik 11, tana shekara shida ta fara. Ke nan wanda ke riƙe da mabuɗin al'amarin shi ne malamin firamare, ba babban jami'in da zai raka 'yan wasa ƙetare ba.

Bari mu dubi gida. A nan Nassarawa ta Kano, unguwar da Turawan mulki suka keɓe wa kansu a da, ga Filin Sukuwa, ga Gidan Gwamnati, ga makarantu masu yalwar fili. Idan akwai inda za a iya gwada abin a wannan birni, to, nan ne. Matakin farko ba ya bukatar sanduna masu tsada, sai ɗaki mai rufi, da katifu, da malama wadda ta san aikinta.

Mun san iyaye za su ce, ina batun sutura da kunya? Maganarsu tana bisa hanya. Amma su sani cikin 2021 'yan matan Jamus sun fito gasar Turai da ta Tokyo da rigar da ta rufe su har idon sawu, doka kuwa ba ta hana ba. Balle a makarantar 'yan mata, inda mace ce ke koyarwa, ƙofa kuma a rufe.

Abin da ya fi wannan nauyi shi ne amana. A Amurka an ɗaure wani likitan 'yan wasa, Larry Nassar, cikin 2018, saboda lalata da ya yi da 'yan mata masu yawan gaske, Biles ma tana cikin waɗanda suka ce ya cuce su. Ya daɗe yana ɓarna domin manya sun fifita lambar yabo bisa kukan yara. Ita Biles ɗin ta janye daga yawancin wasanninta a Tokyo sa'ad da ta ji hankalinta ya daina bin jikinta a sama. Wasu suka zage ta, amma ta komo Paris ta ci zinariya uku. Da an tilasta ta, wa ya san ko da ƙafarta za ta sauko?

A ganinmu, Ma'aikatar Ilmi ta fara da horar da malamai mata a kwalejojin horon malamai, ta zaɓi makarantar 'yan mata ɗaya ko biyu don gwaji, ta kuma kafa ƙa'ida cewa ba a keɓe yarinya da kowa, ba a kuma sa mai ciwo wasa sai da izinin likita da na iyayenta. Ko ba a sami zakara ba, an sami 'ya'ya mata masu ƙoshin lafiya, wannan ma riba ce. Allah ya ba mu ikon riƙon amanar yaran da aka danƙa mana, amin.