Wane Ne "Zalla" a Kaura Namoda?

Wata magana ta zama ruwan dare a Facebook da TikTok, wai abin da ke faruwa a arewacin Zamfara yaƙi ne tsakanin Hausawa da Fulani, wai kuma maganinsa kowa ya koma ga jininsa. Masu yaɗa ta suna kiran kansu "Hausa zalla". Da zarar an kai hari Zurmi ko an tare hanyar Kaura zuwa Shinkafi, kafin a gama suturta mamatan sun ɗora bidiyo, sun yanke wa ƙabila guda hukunci. Ni na ce maganar nan ƙarya ce, kuma ƙaryar da ke cin rayuka.

Ba na musun cewa yawancin yaran da ke riƙe da bindiga a daji Fulani ne. Bello Turji Bafulatani ne ɗan yankin Shinkafi, bai taɓa ɓoyewa ba. Mutanen Banga ta ƙaramar hukumar Kaura Namoda, waɗanda aka kashe musu sama da mutum 30 a watan Yulin 2025 bayan sun biya kuɗin fansa, ba sa bukatar wani ya koya musu zafin abin. Manomin da sai ya biya ɓarawo haraji kafin ya yanke geron da ya shuka da hannunsa, dole ya yi fushi. Abin tambaya shi ne a kan wa za a sauke fushin.

Mu fara da kalmar "zalla" ɗin. Garin Kaura sunan Namoda yake ɗauke da shi, Bafulatani daga zuriyar Alibawa, ɗaya daga cikin jagororin rundunar da ta ci Alƙalawa a 1808. Gidan sarautar Zurmi ma na Alibawa ne. Tun daga lokacin, sama da shekara 200, ake auratayya tsakanin Zamfarawa da Gobirawa da Katsinawa da Fulani da Buzaye. Da jirgin ƙasa ya iso Kaura a 1929, cinikin gyaɗa da auduga ya jawo Yarbawa da Nufawa da Ibo suka zauna. Ka tsayar da mutum goma a kasuwar Kaura ka bi kakanninsu huɗu-huɗu, ka gani ko za ka samu zalla guda.

Aikina rubuta manhajar kwamfuta ne, kuma abin da ya fi ba ni tsoro a cikinsa shi ne fom mai gurbi biyu kacal. In ka tilasta wa bayanai shiga gurbi biyu alhali sun fi haka, na'ura ba za ta yi gardama ba, za ta ba ka amsar banza da cikakken tabbaci. Abin da waɗannan samari ke yi da mutane ke nan.

Wanda wannan fom ya fi cuta shi ne Bafulatanin ruga mai 'yan shanu ashirin, wanda ba shi da kowa a majalisa, ba shi da shafi a intanet. Shi aka fara yi wa satar shanu tun kafin 'yan birni su san da matsalar. Burtalin da kakansa ke bi an nome shi, dajin kiwo an yanka wa masu hannu da shuni. In shanunsa suka yi ɓarna, tarar da za a ɗora masa ta ninka ɓarnar. Sannan aka zo zamanin 'yan sa-kai, lokacin da mutum zai je cin kasuwa a kama shi saboda kamanninsa da sandarsa, a yanka shi a gaban jama'a ba alƙali ba shaida. Yau in ya ƙi ba ɓarayi ɗansa su kore masa garke, in ya shigo gari a ce ɗan leƙen asiri ne. Ina zai sa kansa?

Kuma wa ya ce sana'ar nan ta Fulanin daji ce kaɗai? Kwamitin da tsohon Sufeton 'Yan Sanda M.D. Abubakar ya jagoranta a 2019 ya ce an kashe sama da mutum 6,000 a jihar tsakanin 2011 da 2019, ya kuma nuna yatsa ga wasu sarakuna da hakimai da jami'an tsaro. A watan Afrilun 2022 gwamnatin Matawalle ta tuɓe sarkin Zurmi da na Ɗansadau bisa zargin alaƙa da 'yan bindiga. A Satumbar 2021 da aka katse layukan waya, aka rufe kasuwannin mako, aka hana sayar da fetur a jarka, me gwamnati take faɗa mana? Cewa fetur da burodi da ƙwaya da labarin wanda ya sayar da amfanin gona duk daga cikin gari suke fita. Babur ɗin ɗan bindiga ba da nono yake tafiya ba. Infoman da ke nuna gidan mai kuɗi sau da yawa maƙwabci ne, sahu ɗaya ake sallah da shi, kuma in ana neman zalla shi ma zai ɗaga hannu.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne yadda 'yan "zalla" ke yi wa Turji aiki kyauta. A Disambar 2021 ya aike wa masarautar Shinkafi wasiƙa yana neman a rusa 'yan sa-kai, yana nuna shi mai kare Fulani ne. A wannan watan ne aka zargi yaransa da ƙona matafiya a cikin mota kusa da Sabon Birni. Mutumin da ke kashe Hausawa da Fulani baki ɗaya ba shi da jarin da ya wuce ya gamsar da yaron ruga cewa duk Bahaushe maƙiyinsa ne. Duk bidiyon da ka ɗora kana zagin ƙabila, ka ba shi hujja ya kunna wa yaron nan.

Manhajar da kake rubutun a kanta ba ruwanta. An gina ta ne ta riƙa tura maka abin da zai hana ka ajiye waya, kuma babu abin da ke riƙe mutum kamar fushi. A 2018 kamfanin Facebook da kansa ya amsa cewa bai yi abin da ya kamata ba wajen hana amfani da dandalinsa a tunzura jama'a a Myanmar, inda aka yi wa Musulmin Rohingya kisan gilla. Kusa da mu, a Ogossagou ta ƙasar Mali, an kashe Fulani kimanin 160 a rana ɗaya cikin Maris 2019, mata da yara, da sunan ramuwa. Yaƙin Mali bai tsaya ba saboda haka.

Manyan Fulani da shugabannin Miyetti Allah su ma su daina fakewa da cewa an zalunci makiyayi duk lokacin da aka tashi ƙauye. Sun san rugagen da yaran nan suka fito, su fito su kira sunayensu. Gwamna Dauda Lawal kuma ya ƙaddamar da Askarawan Zamfara a Janairun 2024, ya ba su kaki da makami da sunan gwamnati. To ya gaya mana Fulani nawa ne a cikinsu. Ranar da askari ya kashe wani a kasuwar Shinkafi don kawai ya yi kama da ɗan daji, a kai shi gaban alƙali a Gusau, a kuma bar iyalan mamacin su shiga kotun su zauna.