Jamus a Madagali: Wa Muke Jira Ya Rubuta Mana?

A wani zaman sharhi da muka yi kwanan baya, wani matashi daga cikinmu ya karanta babin farko na littafin da yake rubutawa, labarin wata yarinya da aka kama a kan dutse a zamanin Jamus. Bai ƙarasa ba sai wani dattijo, marubuci mai littattafai a kasuwa, ya katse shi da cewa ya gyara, ai Jamus ba su taɓa mulkin Nijeriya ba, Ingilishi ne. Aka yi dariya, yaro ya naɗe takardunsa ya zauna. Mu da muke wurin ba mu ce uffan ba, kuma wannan shirun namu shi ya hana mu sakat har muka ɗauki alƙalami. Yaron nan shi ke da gaskiya. Dattijon ya yi kuskure, kuma kuskuren ba nasa ba ne shi kaɗai, namu ne duka.

Madagali gari ne a arewacin Jihar Adamawa, a gindin duwatsun Mandara, kusa da iyakar Kamaru. Shi da Mubi da Gwoza da Bama da Dikwa duk sun zauna a ƙarƙashin tutar Jamus fiye da shekara 10. Asalin abin kuwa yarjejeniyar da Ingila da Jamus suka ƙulla ce a 1893, inda suka ja layi daga Binuwai zuwa tafkin Chadi ba tare da sun tambayi ko mutum ɗaya daga cikin masu ƙasar ba. Layin ya bar wa Ingila birnin Yola, ya miƙa wa Jamus mafi yawan ƙasar da Yola ke mulki. Wato aka raba kai da gangar jiki. Lamiɗo Zubairu bai yarda da wannan rabo ba, shi ya sa ya sha wuta ta fuska biyu. Ingilishi suka ci Yola a watan Satumba na 1901 suka naɗa ɗan'uwansa Bobbo Ahmadu. Ya tsallaka gabas, Jamus suka karya shi a Garwa a ƙarshen shekarar. Ya sake tara runduna a Marwa, a watan Janairu na 1902 Hans Dominik ya sa musu bindiga mai ruwa, mahaya suka zube ɗaruruwa a fili. Zubairu ya ci gaba da gudun hijira har aka kashe shi a 1903. Mu tambayi kanmu tsakani da Allah: a cikin littattafanmu na Hausa, waɗanda suka cika da faɗuwar Kano da Giginya da Burmi, ina aka ba yaƙin Marwa ko da shafi guda?

A cikin wannan farauta ta Zubairu ne sojojin Jamus suka iso Madagali a 1902. Suka zargi mai garin, Arɗo Bakari, da taimakon Lamiɗo, suka kashe shi, suka ɗora ɗansa Hamman Yaji a kan karaga. A lura da wannan da kyau, domin nan ne ƙashin bayan maganar. Ɗa ya karɓi sarauta daga hannun da ya zubar da jinin ubansa, ya kuwa koyi darasin da ake so ya koya: duk wanda ya riƙe zuciyar Baturen bariki, to, abin da ya yi a bayan gari ba mai tambayarsa.

Mulkin da Jamus suka kafa a arewacin Kamaru mulkin soja ne tsantsa. Razdan ɗinsu hafsan soja ne, yana zaune a Garwa yana duba Adamawa, wani kuma yana duba ƙasashen tafkin Chadi, wanda daga baya mazauninsa ya koma Mora. Turawan kansu ba su da yawa, 'yan tsiraru ne, sai kamfanin sojoji baƙar fata da bindigogi. Ba su da ma'aikatan da za su shiga ƙauye-ƙauye, ba su kuma da niyyar kashe kuɗi. Abin da suke so daga sarki abu ne ƙididdigagge: gandu, hatsi da shanu don ciyar da bariki, 'yan alaro masu ɗaukar kaya, ma'aikatan hanya, da kuma kada a ji motsin tawaye. Wanda ya kawo waɗannan, an bar masa ƙasarsa da duk wanda ya ce talakansa ne. Mutanen dutse kuwa, Margi da Sukur da Kamwe da Mafa da sauransu, waɗanda da yawansu ba su taɓa miƙa wuya ga kowane sarki na ƙasa ba, sai aka rubuta su a takarda a matsayin talakawan sarakunan da ke kusa da su. Daga ranar, ƙin biyan gandu ya zama tawaye, hari kuma ya zama ladabtarwa. Kada a manta Jamus na cikin ƙasashen da suka sa hannu a yarjejeniyar Brussels ta 1890 ta hana cinikin bayi. Takarda na Turai, bindiga na Madagali.

Ta yaya muka san abin da ya faru? Hamman Yaji da kansa ya bar mana shaida. Daga 1912 zuwa 1927 ya riƙa sa malaminsa yana rubuta masa abubuwan da suka wakana da Larabci, rana bayan rana: hari kaza a dutse kaza, an kamo bayi kaza, shanu kaza, an kashe mutum kaza, an kai wa Bature kyauta kaza, an sayi doki. Lissafi ne irin na ɗan kasuwa, ba nadama, ba alfahari ma, kuma wannan sanyin nasa shi ya fi tayar da tsigar jiki. Jimlar mutanen da ya ƙidaya da bakinsa cewa an kamo ta haura 1,000, mafi yawansu mata da yara. Ingilishi suka kama kundin lokacin da suka tuɓe shi a 1927, wani jami'insu ya juya shi zuwa Turanci, ya kwanta a ma'ajiyar takardu shekara da shekaru, sai a 1995 James Vaughan da Anthony Kirk-Greene suka buga shi a Amurka. Shekara 30 ke nan da wani abu. Ɗalibai a Indiyana da Landan sun karanta, sun yi digiri a kansa. Jikokin waɗanda aka ƙidaya a ciki, waɗanda Hausa ce harshen kasuwarsu da cocinsu da masallacinsu, ba su da shi a harshen da za su karanta. Wannan abin kunya a wuyan wa yake in ba namu ba?

Mun san amsoshin da za a ba mu, don mun sha jin su. Ta farko ita ce wannan ba tarihin Hausawa ba ne, a bar wa Fulani da Margi abinsu. Wannan magana ba ta da ƙafa. Akwai Hausawa a cikin sojojin da Jamus suka ɗauka a Kamaru, akwai su cikin tafintoci, fatakenmu kuma sun bi bayan rundunonin nan suna kafa zango a kowane bariki. Jamusawa sun san darajar harshenmu ga aikinsu, shi ya sa aka koyar da shi a Balin, Adam Mischlich kuma ya buga ƙamus ɗinsa na Hausa a 1906. In umarnin hafsa ya isa kunnen talaka, sau da yawa da Hausa ya isa. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Ban da haka ma, tun yaushe marubucin Hausa ya taƙaita alƙalaminsa ga jinin Hausawa? Mun rubuta soyayyar Indiyawa, mun rubuta aljanun Bagadaza da sarakunan ƙasashen da babu su a taswira. Sai da aka zo kan Madagali ne za a tuna da iyaka?

Amsa ta biyu ta fi haɗari domin tana da daɗin ji. Ita ce ta masu yabon zamanin Jamus, waɗanda za su nuna maka tsohon gini ko gada su ce dubi aikin Jamus, shekara 100 bai tsage ba, su mutane ne masu tsanani amma masu gaskiya. To, wa ya ɗauko dutsen? Wa ya biya shi? Ginin da aka yi da aikin tilas da bulala ai ba shaidar adalci ba ce, shaidar yawan bulalar ce. Kafin Marwa sun ci Tibati a 1899, sun ci Ngaundare a 1901 sun kashe Lamiɗonta, a 1907 kuma da masu da'awar Mahdi suka taso a wajen Marwa da Garwa, da harsashi da igiyar rataya aka ba su amsa. Su kansu Jamusawa sun riga mu farkawa: gunkin Dominik da aka kafa a harabar jami'ar Hambog, ɗalibansu ne suka tumɓuke shi a 1968. Jikokin mai bindiga sun ja gunkinsa ƙasa, jikokin wanda aka harba suna yaba ƙarfin simintinsa.

Sai dai kuma ba za mu yarda da masu son a jibga wa Bature komai a wanke na gida ba, kuma nan ne muke sa ran wasu abokanmu za su murtuke fuska. Harin bayi a duwatsun Mandara ya girmi zuwan Jamus, Borno da Mandara da Adamawa duk sun yi shi. Kuma bai tsaya da tafiyarsu ba. Garwa ta faɗi a watan Yuni na 1915, Kyaftin von Raben ya yi ta turjiya a kan dutsen Mora har 18 ga Fabrairu 1916, Faransawa suka karɓi Madagali, amma kundin Hamman Yaji ya nuna hare-hare sun ci gaba har wajen 1920, har ma wasu daga cikin mafiya muni a waɗannan shekaru aka yi su. Ingilishi da suka karɓa daga baya ma sun bar shi a kan kujera shekaru, kuma cikin abin da ya hanzarta tuɓe shi har da tsoron alaƙarsa da masu bin Mahdi, ba tausayin mutanen dutse kaɗai ba. Ya rasu a 1929, nesa da garinsa. Laifin Jamus shi ne sun tarar da wuta suka zuba mata mai: sun zaɓi mutumin, sun ba shi hujjar doka, zamaninsu ne bindigar zamani ta karya kariyar da dutse ke ba mai kibiya, sannan suka kau da kai muddin gandu na zuwa. Amma hannun da ya ɗaure yarinya a bayan doki hannun ɗan ƙasa ne, mai salla, mai malamai a fadarsa. Marubucin da ya ɓoye rabin nan na biyu, mai wanki ne, ba marubuci ba.

Amsa ta uku ita kaɗai muke ɗauka da nauyi, wato kada a tono abin da zai haɗa Musulmi da Kirista faɗa a yankin da bai gama warkewa ba. Mun fahimci tsoron. Amma wa ya ce abin a binne yake? A kan dutse ba a manta ba, ana ba yara labarin tun suna goye. Lokacin da Boko Haram suka kama Madagali a 2014, suka hau har Sukur, garin da UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya tun 1999, suka ƙona gidaje suka sace mata, masu bincike da suka yi hira da mutanen duwatsun sun ji suna kiran maharan da sunan Hamman Yaji. A wurinsu tsohon abu ne ya dawo da sabon babur. Saboda haka ɓangare ɗaya na riƙe da labarin a ƙirji, ɗaya ɓangaren bai ma san an yi ba, ga su kuma a aji ɗaya, a kasuwa ɗaya, a ƙungiya ɗaya irin tamu. Shirun da ake kira zaman lafiya a nan, wanda aka cuta ne kawai ke biyan kuɗinsa.

Magabatanmu ma ba su ji wannan tsoro ba. A 1934 Abubakar Tafawa Ɓalewa ya rubuta Shaihu Umar, ya bi uwa da ɗanta cikin bauta, bai ce Bature ne ya kama su ba. Bello Kagara ya rubuta Ganɗoki a kan yaƙi da Turawa alhali Turawan na kan mulki, su ne ma masu maɗaba'ar. Mu da ba razdan a kanmu, me ya ɗaure mana hannu?

Ga kayan labari a zube. Ga ɗan da ya gaji uba daga hannun makasansa. Ga malamin da ke zaune da tawada yana rubuta adadin yaran da aka kamo jiya, ko me yake ji in ya tashi alwala? Ga tafinta Bahaushe tsakanin hafsa da sarki, yana rage magana yana ƙarawa gwargwadon wanda ya cika masa aljihu. Ga tsohuwar da aka haifa a ƙarƙashin Lamiɗon Yola, ta yi aure a zamanin Jamus, ta haihu a zamanin Faransa, ta yi jikoki a zamanin Ingila, sannan aka kai ta rumfar ƙuri'a a watan Fabrairu na 1961 aka ce ta zaɓa tsakanin Nijeriya da Kamaru, ita kuwa ba ta taɓa matsawa daga gindin dutsenta ba. Da ƙuri'ar nan ne yankin ya zama Lardin Sardauna, da ita ce Madagali ta zama tamu a takarda.

Abin da muke nema daga shugabannin ƙungiya bai fi ƙarfinsu ba. A nemi izinin masu haƙƙin bugun 1995 a fassara kundin Hamman Yaji zuwa Hausa, a kuma sa 'yan yankin cikin masu fassarar, domin su suka san sunayen duwatsu da ƙauyukan da Larabci da Turanci suka karkatar. A tura membobinmu na Yola da Mubi su ɗauki maganar tsofaffi ta ɓangarorin biyu tun ba su ƙare ba. A haɗa kai da marubutan Garwa da Marwa, tunda rabin takardun da rabin kaburburan suna wajensu. Shi kuma matashin nan da aka yi wa dariya, a zama mai zuwa a ba shi kujerar farko ya ƙarasa karanta babinsa, dattijon da ya katse shi kuma muna roƙon ya zo da wuri ya samu wurin zama a gaba.