Raina Kama Ka Ga Gayya: Darasi Daga Wani Ɗan Furotin

Sau da yawa akan ji ɗalibai, har da wasu malamai, suna cewa duk binciken da bai ƙara wa manomi buhu ba asarar kuɗi ne. Labarin wani ɗan furotin mai suna Sso7d ya isa ya sa su sake tunani.

A shekarar 1977 Carl Woese na Jami'ar Illinois a Amurka ya nuna cewa akwai wani rukunin ƙananan halittu da ba bakteriya ba, waɗanda yanzu ake kira arkiya. Wasunsu a tumbin shanu suke zaune. Wata kuwa, Sulfolobus solfataricus, a maɓuɓɓugar ruwan zafi kusa da Naples ta ƙasar Italiya aka samo ta, tana rayuwa cikin zafin digiri 80. Irin wannan zafi kan nemi warware tufkar DNA, sai Sso7d ya manne masa, ya riƙe shi gam.

Waɗanda suka fara nazarinsa ba noma ne a ransu ba. Amma a 2004 wasu masana suka bayyana cewa sun liƙa shi a jikin inzayim mai kwafar DNA a gwajin PCR. Da can inzayim ɗin yakan kuɓuce wa DNA bayan 'yar tafiya. Da ya sami wannan hannu sai ya daɗe yana riƙe, ya kwafi mai tsawo cikin sauri. Yau ɗakunan bincike a ko'ina suna sayen irinsa.

To, ina ruwan manomin Funtua ko Malumfashi? A 2018 Nijeriya ta saki irin auduga na Bt mai jure tsutsa, bayan gwaji tare da Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru, Zariya. Ido ba ya rarrabe irin gaske da na jabu. Wanda aka cuta ba zai sani ba sai tsutsa ta huda ƙwallon, alhali damina ta yi nisa, ga bashin taki. Gwajin PCR kuwa kan gano gaskiyar ƙwaya cikin 'yan sa'o'i, tun kafin shuka.

Saboda haka bai kamata malami ya tsallake arkiya don ba ta cika fitowa a jarrabawa ba. Ƙasar da ba ta horar da masu wannan ilimi ba, tilas ta dogara ga maganar mai sayar da iri. Ɗan manomin da ya fahimci yadda furotin ke kama DNA, shi ne gobe zai gwada irin da mahaifinsa zai shuka.