Sharhi: Dalilin da ke sa waɗanda suka ji rauni a hatsarin mota ke karɓar diyyar da ba ta kai ba

Tun daga ranar 1 ga Fabrairu, 2025, lokacin da Rundunar 'Yan Sandan Najeriya ta fara tilasta wa masu ababen hawa mallakar inshorar kare haƙƙin wanda aka yi wa ɓarna, muhawara ta fi karkata ga kuɗin da direba zai biya. Ba a cika waiwayar mutumin da aka kafa dokar dominsa ba, wato wanda mota ta kaɗe ya karye ko ya nakasa.

Dokar da ta wajabta wannan inshora ta samo asali ne tun 1945. A farkon 2023 Hukumar Kula da Harkokin Inshora ta Ƙasa, NAICOM, ta ƙara kuɗinta ga motocin gida daga Naira 5,000 zuwa Naira 15,000 a shekara, sannan ta ɗaga iyakar abin da za a biya daga Naira miliyan 1 zuwa miliyan 3.

A nan ne jama'a da dama ke kuskuren fahimta. Wannan iyaka ta shafi ɓarnar dukiya ce kawai, kamar mota ko shago ko katanga. Rauni a jiki da asarar rai ba su da iyakar da aka yanke musu. Gwargwadon cutarwar da aka tabbatar ne ke nuna abin da ya kamata a biya.

Sai dai a aikace, yawancin irin waɗannan batutuwa a ofishin 'yan sanda ko a bakin gadon asibiti ake kashe su. Mai mota ya biya kuɗin magani na kwanakin farko, dangi su ce ƙaddara ce, a yafe. Yafiya hali ne nagari, amma sau da yawa kamfanin inshorar da ya karɓi kuɗi domin irin wannan rana shi ne ke cin ribarta. Bayan watanni, idan karaya ta ƙi ɗoruwa ko ana buƙatar tiyata ta biyu, ɗawainiyar kan magidancin da ya daina fita nema take komawa.

Kotunan Najeriya sun kasa diyya gida biyu. Kashi na farko shi ne asarar da ake iya lissafawa: kuɗin asibiti, magani, sufuri da kuɗin shigar da aka rasa. Wannan sai an zayyana shi dalla-dalla an kuma kawo hujja, kamar rasit da takardar albashi. Kashi na biyu ya ƙunshi raɗaɗi, nakasa da tauyewar jin daɗin rayuwa, kuma alƙali ne ke ƙiyasta shi. Mai neman ƙarin diyya yana buƙatar rahoton 'yan sanda ko na Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, da rahoton likita da ke bayyana yadda raunin zai shafi aikinsa nan gaba. Dole kuma ya nuna cewa sakacin direban ne ya jawo hatsarin.

Abubuwa biyu ne suka fi rusa irin wannan da'awa. Na ɗaya shi ne gaggawar sa hannu a takardar da ke cewa an karɓi diyya cikakkiya, domin da wuya a sake buɗe maganar bayan haka. Na biyu shi ne jinkiri. Dokokin jihohi sun ƙayyade wa'adin shigar da ƙara, kuma idan jami'in gwamnati ne a bakin aiki ya yi ɓarnar, dokar kare jami'an gwamnati ta tarayya ta taƙaita wa'adin zuwa wata uku.

Akwai kuma matsalar takardun inshora na bogi da ake sayarwa a kusa da ofisoshin lasisi. Idan takardar ba ta cikin rumbun bayanan da Ƙungiyar Kamfanonin Inshora ta Najeriya ke kula da shi, babu kamfanin da zai biya.

Wanda kamfani ya yi wa tayin da bai gamsar ba yana da damar ƙin karɓa, ya kai koke ga NAICOM, ko ya garzaya kotu. Nasarar tilasta inshora ba a yawan motocin da aka tare a hanya za a auna ta ba, sai a yawan majinyatan da suka samu haƙƙinsu cikakke.